Ranar da Orval Ya Kwanta a Akwatin Gawa

Duk wanda ya yi aiki a gidan talabijin ɗinmu na Milwaukee a shekarar 1953 ya san Orval Dettweiler, ko yana so ko ba ya so. Aikinsa shara da ɗaukar kaya, amma in ka tsaya minti biyu kusa da tsintsiyarsa sai ka ji cewa shekara bakwai ya yi a Hollywood, kuma duk dodon da ka taɓa gani a sinima shi ya koya masa tafiya. Ni sunana Verna, ni ce telar gidan. Ɗakin ɗinkina yana bayan fage, kuma da yake a nan tukunyar kofi take, na fi kowa shan labarin Hollywood.

Muna da shiri guda da muke taƙama da shi, Shagalin Asabar, ƙarfe biyar da rabi na yamma. Rawa, waƙa, wani mutum mai kare da ke tsallake kujera, sannan ɗan wasan barkwanci a ƙarshe. Kai tsaye ake watsawa, abin da ya fita ya fita. A lokacin manyan gidajen talabijin na New York sun tsiro da yayin kwaikwayon tsofaffin fina-finan ban tsoro don a yi dariya: mai shan jini da ke gudun likitan haƙori, dodon da aka ɗinka da sassan gawa amma yana jin cakulkuli, gawar da aka naɗe da ƙyalle tana warwarewa har ya rage ba komai. Mista Ostrander, mai kamfanin katifa da ke ɗaukar nauyin shirinmu, ya ce shi ma irin wannan yake so a makon bikin dodanni na ƙarshen Oktoba. Ya kuma ƙara da cewa shirye-shiryenmu uku na baya sun fi katifarsa saurin sa mutum barci, in aka sake ba shi irinsu zai kwashe tallarsa ya kai wa 'yan kokawa. Mu goma sha huɗu ke cin abinci da wannan talla.

Ran Laraba ɗan wasan barkwancinmu ya tashi da hangum, kumatu kamar an hura balo. Mista Kubiak, daraktan shirin, ya shigo ɗakina ya zauna a kan kwandon ƙyallaye ya dafe kai. Orval ya jingina tsintsiya da bango ya gyara murya.

"Ranka ya daɗe, da ruwa a gida kake kwana da ƙishirwa."

"Orval, ka share ƙarƙashin fiyano?"

"Zan share. Amma ka sani, ni na tsaya kusa da akwatin gawa a fim goma sha ɗaya. Sirrin abin nan guda ne. Mutanen New York ba su gane ba. Sai ka fara tsorata mutum har hanjinsa ya kaɗa, sannan dariya ta zo da kanta. Ba ni minti takwas, ba ni Dolly, ka ga aiki."

Na ce, "Makon jiya fim tara ka ce."

"Biyu ba a fito da su ba, Verna. Sun yi ban tsoro da yawa, gwamnati ta hana."

Mista Kubiak ya buga waya wurare huɗu bai samu kowa ba. Da la'asar ya ce wa Orval ya gwada, da irin muryar da mutum ke amsa wa likita a yi masa tiyata.

Tsarin wasan mai sauƙi ne. Dolly Szymanski, mawaƙiyar shirin, za ta ɓata hanya ta shiga tsohon gidan wani basarake mai shan jini. Hazo ya tashi, jemage ya wuce, a yi tsawa sau uku, a ta ukun akwatin gawa ya buɗe, Orval ya miƙe ya nufi wuyanta, haƙoran roba su faɗo ƙasa, su biyun su duƙa suna nema. Wanda ya rubuta mana wannan ya ce a yi akwatin da kwali. Orval ya ce kwali wulaƙanci ne ga sana'a.

Ran Alhamis ya kwaɓa fulawa da gam da farin ƙwai ya shafa a fuska, ya ce haka manyan masu kwalliyar dodanni ke yi. Cikin rabin sa'a abin ya bushe, baki ya ƙi buɗuwa. Sai da muka jiƙa shi da ruwan ɗumi kamar tsohuwar tukunya, kuma da muka ɓamɓare, girarsa ta hagu ta biyo. Ya duba madubi ya ce dama haka yake so, dodo mai gira biyu ba ya ba kowa tsoro.

Ran Juma'a ya zo da jemage. Na ɗaga mayafin kejin na ga aku.

"Na matata ne, sunansa Gwamna," in ji shi. "Ɗinka masa 'yar baƙar alkyabba. A talabijin komai baƙi da fari ne, wa zai gane?"

"Hildy ta san ka ɗauko shi?"

"Na ce mata likita zan kai shi."

Akun ya karkata kai ya dube shi, ya ce da muryar mace tsaf, "Orval, daina ƙarya."

Dolly ta yi dariya har ta zauna a ƙasa. Orval ya ce tsuntsun ba ya magana in fitilu na kunne, ya gwada shi a gida.

Ran Asabar da rana sai ga shi da akwatin gawa na gaske a bayan motar ɗaukar kaya, na katako mai sheƙi, da marikai na tagulla. Yayan matarsa, Arno Pflug, yana da gidan shirya gawa a kan titi na uku daga wurinmu. Mista Kubiak ya zagaya akwatin yana shafa shi.

"Surukinka ya ba ka aron wannan?"

"Ni da Arno ba ma haka. Abinsa nawa ne."

"Na tambaye ka ya ba ka?"

"Na bar masa takarda."

Kafin a ce wani abu ya ɗauko mahuji ya huda ramuka shida a gefen akwatin, biyar na shan iska, ɗaya na wayar makirufo. Ya ce dole a sa makirufo a ciki, don nishin da zai yi kafin ya tashi shi ne ran wasan, kuma ya taɓa yin wannan nishi wata mata ta suma a layi na biyar. Sannan ya sauke buhu huɗu na busasshiyar ƙanƙara da ya samo wurin mai sayar da askirim, wadda in an zuba mata ruwan zafi take fid da farin hayaƙi. Mai kula da fitilu ya ce rabin buhu ya isa. Orval ya ce masa shi ya sa har yau bai wuce Milwaukee ba.

Ba mu samu gwaji da akwatin ba, don mai kare ya cinye lokacin fage. Ƙarfe biyar 'yan kallo suka cika kujeru sittin ɗin da muke da su. Mista Ostrander yana layin gaba da matarsa, hannu a harɗe. Na hango Hildy ma a layi na uku da jakarta a cinya, fuskar nan ba annuri. Wata maƙwabciya ta gaya mata mijinta zai fito a talabijin, ta zo ta gani da idonta.

Na ɗaura wa Orval alkyabba, na zana masa gira da gawayin kwalliya, ya cusa haƙoran roba. Ya shiga akwatin ya kwanta ya naɗe hannuwa a ƙirji.

"Verna, duba ni da kyau. Gobe sai kin nemi izini kafin ki gan ni."

Ya ja murfin da kansa. Na ji wani ɗan ƙas, na ɗauka marikin ne.

Aka yi rawa, aka yi waƙa, kare ya tsallake kujera. Ƙarfe shida saura minti sha biyar jar fitilar kyamara ta kama a kan gidan basaraken, aka juye ruwan zafi a kan buhu huɗun nan gaba ɗaya, kamar yadda Orval ya ba da umarni. Hayaƙin ya taso ya cinye fagen, ya cinye akwatin, ya gangaro ya cinye takalman 'yan layin gaba. Dolly ta shiga da kyandir a hannu, muka daina ganinta, sai muryarta.

"Wayyo ni, wane irin gida ne wannan?" Ta yi karo da wani abu. "Wane irin gida ne, da gaske nake tambaya."

Mai kyamara ya juya nan ya juya can, fari fat. Mista Kubiak ya tura mutum biyu da kwalaye suna fifita, hazon ya ɗan sauka zuwa ƙugu. Aka saki jemage. An tsara Gwamna zai bi igiya ya wuce, amma ya warware ƙafarsa ya yi sama da 'yar alkyabbarsa, ya zagaya fitilu sau biyu, ya sauka a kan doguwar sandar makirufo da ke rataye bisa kan Dolly. Ya gyara zama. Ya sa baki dab da makirufon ya ce wa duk mai talabijin a Milwaukee, "Orval, fitar da shara."

'Yan kallo suka fashe. Daga layi na uku na ji Hildy ta ce, ba da ƙarfi ba, "Wannan ai akuna ne."

Mai yi mana ƙarar tsawa ya girgiza fallen kwanon rufinsa. Ɗaya. Daga lasifika muka ji nishin Orval, kuma in faɗi gaskiya nishin ya yi kyau, dogo mai kauri, har matar Mista Ostrander ta kama hannun mijinta. Biyu. Uku. Dolly ta dafe ƙirji ta zuba wa akwatin ido.

Akwatin bai motsa ba.

Mai tsawa ya dubi Mista Kubiak, Mista Kubiak ya yi masa alamar ya ƙara. Huɗu. Biyar. Nishin ya sauya, ya koma irin na mai tura mota. Shida. Sai muka ji ƙwanƙwasa daga ciki, a hankali, da ladabi.

Dolly yarinya ce mai kai. Ta matsa ta ce, "Wa ke sallama?"

"Dolly," in ji lasifika, da murya mai cike da haƙoran roba, "ɗaga murfin."

"Ranka ya daɗe, ai kai ne mai gidan. Ni baƙuwa ce."

"Ba wasa nake ba, ɗaga."

Ta ajiye kyandir ta kama murfin ta ja, ta sa ƙafa ta ja. Ashe irin akwatin nan ne mai sakatar ciki, in ya rufu sai da ɗan makulli, makullin kuma yana aljihun Arno. Dolly ta juyo ga kyamara ta ce, "Ga alama basaraken ya manta makullin gidansa," jama'a suka sake kwashewa, sun ɗauka duk a rubuce yake.

Mista Kubiak ya ce a tafi talla. Tallarmu ma kai tsaye ake yi, a kusurwar fagen, inda aka girka gado da katifar Ostrander, mai gabatarwa yana tsaye kusa da ita cikin kwat. Kyamara ta juya kansa, hazo na bin ƙafafunsa. Amma ba wanda ya tuna ya kashe makirufon cikin akwatin.

"Jama'a," in ji mai gabatarwa yana shafa katifar, "in kuka kwanta a kan katifar Ostrander..."

"Ku fitar da ni."

"...ba za ku so ku tashi ba."

"Bayana ya sage. Verna, kina nan?"

"Tambayi duk wanda ya gwada..."

"Na tuba. Ba zan ƙara ba."

Mai gabatarwa ya ciji leɓe, kafaɗunsa na rawa. Na saci kallon Mista Ostrander. Fuskarsa ta yi ja, ban iya gane fushi ne ko wani abu ba.

Mai kula da sauti ya kai hannu zai kashe makirufon, Mista Kubiak ya riƙe masa hannu. Ya ji dariyar da ke tashi daga kujeru, irin wadda ba mu ji ba tun da aka buɗe gidan. Kyamara ta koma kan akwatin, inda mutum biyu ke fama da shi da sukundireba, Dolly na riƙe musu kyandir.

Shi kuwa Orval, a cikin duhu, ya manta da makirufon da ya sa da hannunsa. Ya tofar da haƙoran ya shiga addu'a.

"Ya Ubangiji, Orval ne, na gidan Dettweiler. Ka san ban cika damunka ba. In ka fid da ni zan gyara. Ba shekara bakwai na yi a Hollywood ba, ka sani, na sani. Mako uku ne. Burodi da tsiran nama na sayar a bakin ƙofa, ko cikin ma ba su bar ni na shiga ba. Dodo ɗaya na taɓa gani, ya sayi burodi biyu ya ce babu gishiri. Fim ɗin ban tsoro ma sau ɗaya na kalla, na fita tun ba a kai rabi ba, kwana uku Hildy tana raka ni bayan gida."

"Kwana biyar," in ji Hildy daga layi na uku, wannan karon da ƙarfi.

Gwamna, daga kan sandarsa, ya ce, "Orval, daina ƙarya."

"Gaskiya nake faɗa yanzu," in ji akwatin, kamar zai yi kuka.

A nan ne Mista Ostrander ya zame daga kujerarsa. Dariya ce. Yana bugun gwiwa yana share hawaye da laktayen wuyansa, matarsa na bubbuga masa baya. Wayoyin ofis duka uku suka kama ƙara. Mista Kubiak ya raɗa mini cewa aikinmu ya tsira, in dai mutumin bai mutu a ciki ba. Na ce ramuka biyar ya huda, ba zai mutu ba.

Ana haka ƙofar baya ta buɗe. Ƙarti biyu cikin baƙaƙen kwat da baƙaƙen huluna suka shigo, ma'aikatan Arno. Maigidansu ya ga takardar Orval ƙarfe biyar, akwatin kuma an riga an sayar, mai shi za ta zo dubawa ƙarfe shida da kwata. Ba su taɓa shiga gidan talabijin ba, ba su san jar fitila daga koriya ba. Suka ratsa hazon kai tsaye, suka cire huluna suka gaida Dolly, ɗaya ya kama kai ɗaya ya kama ƙafa.

"Ya yi nauyi," in ji na gaba.

"Katakon kirki ne," in ji na baya.

"Su wa ke nan?" in ji akwatin. "Ina za ku kai ni?"

Ƙartin suka dubi lasifikar da ke rataye a bango, don daga can muryar ta fito, suka ɗauka wani wasa ake yi da bai shafe su ba. Suka ɗaga suka nufi ƙofa, wayar makirufo na binsu tana jan kaya, ta kayar da bangon gidan basaraken, ta kayar da gadon talla, sannan ta tsinke. 'Yan kallo suka miƙe tsaye suna tafi. Mai gabatarwa ya fito daga ƙarƙashin katifa ya ce wa Milwaukee sai mako mai zuwa.

Kafin mu kutsa ta cikin jama'a mu kai waje, motar gawa ta tashi. A tsallaken titi akwai shagon sayar da talabijin, mutane kusan talatin sun taru a gaban gilashinsa suna kallon shirin. Da suka ga akwatin da suka gani yanzu a allo ya fito a zahiri, suka juyo suka yi masa tafi su ma, wasu maza suka cire huluna. Hildy ta kama hannuna, keji a ɗaya hannun da Gwamna a ciki.

"Kina da mota?"

"Ina da."

"To mu je. Kada ki yi gudu."

Mun tarar an ajiye akwatin a ɗakin baƙi na gidan Arno, tsakanin tukwanen furanni biyu. Arno, dogo siriri mai magana ƙasa-ƙasa, yana tsaye da wata tsohuwa 'yar ƙarama cikin baƙaƙen kaya. Misis Rademacher ce, mijinta ya rasu ran Alhamis, jana'iza ran Litinin. Orval ya yi tsit a ciki. Ya ce daga baya dabara ce, amma ni na san muryar Arno ya ji.

"Yaya," in ji Hildy, "kafin ka buɗe..."

"Hildy, ina da baƙuwa," in ji Arno. Ya sa makulli ya murɗa ya ɗaga murfin. "Kin ga cikinsa, Misis Rademacher, farin siliki ne kamar yadda..."

Orval yana kwance, gumi ya narkar da kwalliyarsa, girar gawayi ta gangaro har kunne, haƙoran roba a kan ƙirjinsa. Ya buɗe ido ya ce, "Barka da yamma, suruki."

Arno ya tsaya riƙe da murfin. Ya dubi Orval, ya dubi silikin da ya koma ruwan toka, sannan idonsa ya sauka kan ramuka shidan, ya shiga ƙirga su da yatsa, leɓensa na motsi.

Misis Rademacher ko gezau ba ta yi ba. Shekara arba'in ta yi tana koyarwa a firamare. Ta gyara tabarau ta leƙa ta dube shi sama da ƙasa.

"Mista Pflug, wannan ba Gustav ba ne."

"A'a, ba shi ba ne," in ji Arno da ƙyar.

"Kuma da rai yake."

"A yanzu dai."

Ta sunkuya ta ce wa Orval, "Ɗan nan, tun da ka riga ka kwanta, gaya mini. Gustav ɗina ya yi fama da ciwon baya shekara ashirin. Akwai daɗin kwanciya?"

Na ga Orval ya ja numfashi. Na ga launi ya dawo masa fuska. Ya gyara kwanciya, ya harɗe yatsu a kan ciki, ya ɗaga girar da ta rage.

"Baba, kin tambayi wanda ya dace. Ni da kike gani na kwanta a akwatin gawa ya fi arba'in, na Faransa, na Italiya, har da wani na zinariya da aka yi wa wani sarki. In don ta baya ne, abin da za ki fara dubawa shi ne..."

Hildy ta miƙa mini kejin. Ta sa hannu biyu ta sauke murfin a hankali, har sai da muka ji ƙas. Ta zare makullin daga hannun yayanta ta jefa a jaka ta rufe.

"Yaya, akwai kofi a gidan nan?"

"Akwai," in ji Arno.

"To zo mu sha. Misis Rademacher, bismillah. Madara ko baƙi?"